Tarar Malam Birki

"Birki! Birki na ce, Alhaji, ba totur ba!"

Malam Birki ya taka nasa birkin da ke ɓangaren fasinja, motar ta yi turjiya ta tsaya, saura taku biyu ta hau tulin tayoyin da aka jera a ƙarshen filin koyon tuƙi. Ɗalibin nasa, wani dattijo mai sayar da kayan gini wanda rigimar direbobi ta ishe shi har ya yanke shawarar koyon mota da furfurarsa, ya saki sitiyari ya share gumi da hannun riga.

"Ƙafar ce ta yi gaban kanta, Malam."

"Ƙafa ba ta da laifi. Gaggawa ce a zuciyarka. Ina za ka? Wa ke jiranka a cikin tayoyin nan?"

Shekara talatin da ɗaya ke nan yana yin wannan tambayar daga kan wannan kujerar. Ɗalibansa na farko ne suka laƙaba masa Birki, sunan ya bi shi har ya danne na gaskiya, kuma bai taɓa jin haushinsa ba. Duk wanda ya zo rajista sai ya ji daga bakinsa cewa tun da ya karɓi lasisi, ɗan sanda bai taɓa ɗaga masa hannu don wani laifi ba.

Wayarsa ta yi ƙara a aljihu. Bai kula ta ba, domin doka ce a motarsa ba a taɓa waya. Ta katse, ta sake ɗauka. A karo na huɗu ya ce wa Alhaji ya kashe mota ya ja birkin hannu, ya fito ya tsaya a inuwar katanga. Matarsa ce, wadda kowa a gidan, har shi, ke kira Umma. Ta san dokar sarai, don haka kira huɗu ba na banza ba ne.

"Lafiya?"

"Auta ce ta kira ni yanzu tana kuka."

Auta ita ce ƙaramar 'yarsu, tana aure a wata ƙasa mai nisa, wata biyu da haihuwa.

"Jaririyar ce?"

"Jaririya lafiyarta ƙalau. Mijinta ne. Za a ƙwace masa lasisi na wata uku, kuma kamfanin bas ɗin da yake wa aiki ba sa ajiye direban da aka taɓa ƙwace wa lasisi. Gudun wuce ƙa'ida, in ji su, kyamarar hanya ta kama motarsa sau uku."

Malam Birki ya yi tsaki, ya ji wani abu mai kama da daɗi ya ɗan ratsa shi, irin na wanda maganarsa ta fito.

"Ai na faɗa. Na sha faɗa. Yaron nan yadda yake shiga shataletale kamar an koro shi…"

"Malam."

"Na'am."

"Ba shi ya yi gudun ba. Kai ne."

Can cikin fili Alhaji ya jingina da sitiyari, oda ta yi ƙara, ya zabura ya ɗaga hannu yana ba da haƙuri.

Umma ta yi masa bayani dalla-dalla. Takardu uku aka aiko gidan, duk na rana ɗaya, ranar da aka haifi jaririyar. Biyun farko tara ce kawai, mijin Auta ya biya bai gaya wa kowa ba. Ta ukun ce babba, don gudun ya ninka abin da aka yarda a wajen. Hoton da kyamara ta ɗauka na bayan mota ne, lamba kawai ake gani, ba a ganin mai tuƙi. Takardar ta ce ko dai mai motar ya amsa laifin ya biya, ko kuma ya faɗi wanda ya tuƙa. Yau ce ranar ƙarshe. Mijin Auta kuwa ya ɓoye takardar a aljihun rigar aikinsa, sai da safen nan Auta ta gan ta. Da ta tambaye shi, ya ce ƙarfe huɗu idan ya tashi aiki zai amsa da sunansa, kuma kada ta kuskura Baba ya ji. Yanzu yana kan hanya da fasinja, wayarsa a kashe har ya sauka.

"Ta turo min hoton takardar yanzu," in ji Malam Birki.

"To, amma tsaya ka ji, idan maganar biya ce…"

Ya riga ya kashe wayar. Ya sallami Alhaji, ya ce darasin yau kyauta ne, ya shiga mazaunin direba. Ƙarfe goma sha ɗaya saura kwata.

Bai taɓa son auren nan ba, kowa ya sani. Auta ta yi karatun gwajin jini, ta fi duk yayyenta kai, sai ga shi ta kawo direba. "Na san direbobi," ya ce wa Umma a lokacin, "ni nake yin su." Bai hana ba, amma bai saki fuska ba. Da suka je can don haihuwar, mako uku ya yi a gidan, kuma duk fitar da surukin ya yi da su, Malam Birki na gefensa yana taka birkin da babu shi a ƙasan motar, yana gyara masa riƙon sitiyari. Yaron ba ya cewa komai sai, "To, Baba." Shi ya bar musu ɗakinsa ya koma kujerar falo, shi ya saya masa rigar sanyi, kuma Malam Birki bai tuna ya taɓa ce masa sannu ba.

Ranar haihuwar kuwa, hantsi ne. Surukin ya fita aiki tun da sassafe, Umma ta bi maƙwabciya kasuwa. Yana falo yana shan shayi ya ji wani abu ya faɗi a kicin. Ya tarar da Auta a durƙushe ta riƙe ƙafar tebur, jini na bin ƙafafunta har ya kai bakin ƙofa, alhali saura wata guda a lissafin likita. Ta kira motar asibiti da kanta, aka ce mata minti arba'in, domin unguwar tana bayan gari. Ya kalli jinin, ya kalli mukullin ƙaramar motar surukin da ke rataye a ƙusa. Abin da ya biyo baya guntu-guntu yake tunawa. Alamun hanya da ba ya iya karantawa. Muryar Auta daga kujerar baya tana cewa hagu, Baba, miƙe, Baba, muryar tana ƙara yin ƙasa har ta ɗauke. Wani haske da ya walƙa ta madubi, ya ɗauka rana ce ta bugi gilashin wani gini. Da kuma likitan da ya fito bayan awa biyu, ya dafa kafaɗarsa ya yi wata magana, wata nas ta fassara masa cewa da an jira motar asibiti, da labarin ya zama wani. Tun daga ranar bai sake tunanin hanyar ba. Ya yi godiya ga Allah, ya ɗauki jikarsa, ya dawo gida ya ci gaba da tambayar mutane ina za su.

Shagon buga takardu na bayan ofishin lasisi ya nufa, inda yake aika ɗalibansa cike fom. Ɗaki ne ɗan ƙarami, kwamfuta biyu, na'urar kwafi da ke fitar da zafi, da fanka mai juya kai tana ɗaga takardun da aka danne da kofi. Mai shagon, wata mata mai tabarau da ba ta son dogon zance, ta karɓi wayarsa ta ƙura wa hoton takardar ido.

"Wannan wane yare ne, Malam?"

"Yaren mutanen da suka ci ni tara."

Ta ɗago ta dube shi ta saman tabarau. "Kai? Tara?"

"Ki buɗe shafin, 'yar nan. Adireshin na ƙasa."

Ta buɗe, ta sa lambar takardar. Suka kira Auta, aka jingina wayar da jikin kwamfuta, fuskarta ta bayyana, idanu a kumbure, jaririya a kafaɗa.

"Baba, ka yi haƙuri, ya ce kada in faɗa, amma ni…"

"Share hawayenki ki karanta mana. Me aka rubuta a akwatin farko?"

Haka suka bi fom ɗin layi-layi, mai shago tana karkata wayar zuwa allon, Auta tana fassarawa, jaririya tana sa baki lokaci-lokaci. Suna, ranar haihuwa, lambar fasfo, hoton lasisi gaba da baya. Sai da suka zo wani akwati babba marar komai a ciki.

"Nan bayani ake so," in ji Auta. "Abin da ya faru."

Malam Birki ya gyara murya. "Rubuta. Ni, wanda ya shafe shekara talatin da ɗaya yana koyar da tuƙi, kuma hukuma ba ta taɓa samunsa da…"

"Malam," in ji mai shago, "layi huɗu ne kawai wurin ke ɗauka."

Fanka ta juyo ta busa masa iska ta koma. Ya cire hularsa ya ɗora a gwiwa.

"To, rubuta haka. Ni ne na tuƙa motar. 'Yata ce a baya tana zubar da jini. Mai motar yana wurin aikinsa, bai san komai ba. Na san dokar, kuma da sanina na karya ta."

Auta ta juya maganar zuwa yaren can, tana faɗin baƙi ɗaya-ɗaya, mai shago tana bugawa. Da aka gama, Auta ta turo hoton takardar fitowarta daga asibiti mai ɗauke da lokacin da aka karɓe ta, mai shago ta ɗora shi, suka wuce shafi na ƙarshe. Nan kuɗin ya bayyana, mai shago ta juya shi zuwa kuɗin gida a wayarta, ta nuna masa ba tare da ta furta ba. Ya kai ribar makarantar tuƙinsa ta wata biyu. Ya zaro katin bankinsa.

Wani jan rubutu ya fito. Ta sake gwadawa, ya sake fitowa.

"Katinka ba ya biyan waje," ta ce. "Kuma fom ɗin ba ya shiga sai an biya. Sai ka je banki su buɗe maka. Zan bar shafin a buɗe."

A banki ya ɗauki lamba ya zauna, mutum goma sha huɗu a gabansa. Wayarsa ta yi ƙara sau biyu, Umma ce, ya danne ta, don ba shi da abin da zai gaya mata tukuna. Ya yi ta kallon agogon bango yana lissafin inda surukin yake a yanzu, yana buɗe wa mutane ƙofa, yana rufewa, yana jiran ƙarfe huɗu ya je ya sa hannu a kan takardar da za ta raba shi da abincin gidansa saboda tsohon da bai taɓa yi masa kallon arziki ba. Kunya ta rufe shi.

Ƙarfe biyu da rabi aka kira lambarsa. Ma'aikaciyar ta saurare shi da kyau, ta duba kwamfuta, ta girgiza kai.

"Za a iya buɗewa, Baba, amma sai ka cike fom an tura hedkwata. Kwana uku na aiki."

"Awa ɗaya da rabi gare ni."

"Wallahi da a hannuna yake da na yi maka yanzu." Ta rage murya. "Ka nemi ɗan kasuwar da ke sayo kaya daga waje. Irinsu katinsu a buɗe yake. Ya biya maka, kai kuma ka tura masa."

Ya yi mata godiya ya fito. A bakin ƙofa ya kira Alhaji mai kayan gini, aka ce layin a kashe yake. Ya kira wani tsohon ɗalibinsa mai sayar da tayoyi, ya ce yana wani gari, katin kuma na cikin durowa a shago, mukulli na aljihunsa. Ya kira na uku, ba a ɗauka ba. Bai ga abin yi ba sai ya koma shagon buga takardu, ko mai shagon ta san wani.

Hanyar a buɗe take fetal, kamar da gangan. Agogon mota ya nuna uku da minti goma. Ya ji ƙafarsa ta dama tana ƙaiƙayi a kan totur, allurar awon gudu ta ɗan haura, ya mayar da ita inda doka ta ce. Wata motar kaya ta wuce shi tana yi masa oda. A danja ya tsaya shi kaɗai, babu mota hagu babu dama, ya riƙe sitiyari da hannu biyu, yana karanta duk addu'ar da ta zo bakinsa, har koren ya kama.

Da ya ɗaga labulen shagon, Umma ya gani zaune a kujerar da ya bari, jaka a cinya, ita da mai shago suna cin gyaɗa daga takarda ɗaya kamar ƙawaye na shekara ashirin.

"Me kike yi a nan?"

"Jiranka. Auta ce ta gaya min inda kake." Ta buɗe jakar ta zaro kati ta ajiye a kan tebur. "Tun safe nake ce maka tsaya ka ji. Na kira ka sau biyu kana banki."

Ya kalli katin. Shekara uku ke nan Umma tana sayo zare da maɓallai da alluran keke daga waje ta cikin wayarta, tana rarraba wa teloli. Cinikin iska yake kiran abin, bai taɓa tambayar yadda take biya ba.

"Wannan yana biyan waje?"

"Duk mako."

"Kuma akwai abin da zai isa a ciki?"

"Iskar ta ɗan tara," in ji Umma. Mai shago ta sunkuyar da kai tana gyara takardun da ba su buƙatar gyara.

Aka sake kiran Auta. Mai shago ta sa lambobin katin, shafin ya karɓa, sai wani dogon rubutu ya fito da ɗan akwati a ƙasa wanda ake so a yi wa alama. Auta ta karanta a zuciyarta, ba ta fassara ba.

"Faɗa mana," in ji shi.

"Sun ce idan ka amince, ba za ka sake tuƙi a ƙasar nan ba sai bayan shekara ɗaya. Kuma laifin zai shiga rajista da sunanka da lambar fasfonka." Ta gyara wa jaririyar kwanciya. "Baba, idan ana neman biza suna tambayar irin wannan. Wasu ana ba su, wasu ana hana su. Ban sani ba."

Wannan bai zo masa a rai ba. Kuɗi ya yi tunani, da sunansa, da abin da 'yan ƙungiyar masu koyar da tuƙi za su ce idan labari ya fita. Ya matso kusa da wayar. Jaririyar ta juyo da fuskarta, ta yi hamma, ta dunƙule hannu a gefen kunci. Kwana tara kawai ya yi da ita kafin su taho, kuma ya riga ya gaya wa kowa cewa baɗi zai koma ya ga tafiyarta ta farko. Hannun mai shago na kan linzamin kwamfuta, Umma na kallon ƙasa.

"In sun hana ni," ya ce a hankali, "ubanta yana da aiki, zai iya kawo min ita. In ya rasa aikin fa, wa zai kawo wa?" Ya juya wurin mai shago. "Danna, 'yar nan."

Ta danna. Wani ɗan zobe ya yi ta juyawa a tsakiyar allon, wayar Umma ta yi ƙara, ta karanto lambobin da banki ya turo, zoben ya ci gaba da juyawa. Sai shafin ya yi fari, wani koren rubutu ya fito.

"Ya shiga," in ji Auta, tana dariya tana kuka. "Sun ce an karɓa, an cire sunan mai motar. Baba, ya shiga!"

Ƙarfe huɗu saura minti ashirin. Malam Birki ya zauna a kan kwalin takardu. Mai shago ta buga masa rasit ɗin, ta sa a leda ta miƙa masa da hannu biyu. Da ya tambayi kuɗin aikinta, ta ce na kwafi biyu kawai zai biya, sauran kuwa labarin da ta sha ya biya ta. Ya yi ta sa mata albarka har ta ce ya isa haka, zai sa ta kuka a gaban kwastoma. Ya dubi Umma, ya ce zai mayar mata da kuɗinta kafin ƙarshen wata.

"Na sani," ta ce. "Ba shi nake jira ba."

"Na gode, Umma. Allah ya saka miki da alheri. Da na tsaya na ji."

"To, yanzu ka yi magana." Ta miƙa masa sauran gyaɗar.

Suna nan zaune, don ya ce ba zai tuƙa ba sai ya ɗan huta, wayarsa ta yi ƙara. Lambar waje ce, ba ta Auta ba. Shekara biyu da auren, surukin bai taɓa kiransa kai tsaye ba, kullum sai dai a miƙa masa waya ya gaishe shi a taƙaice. Malam Birki ya miƙe ya fita bakin shagon.

"Salamu alaikum, Baba. Ina wuni?"

"Lafiya lau. Ya aiki?"

"Alhamdu lillahi." Ana jin ƙugin manyan motoci a bayansa, da wani yana kiran wani da ƙarfi. "Baba, na shiga in biya wata takarda, sai na ga an rufe ta. Na ga sunanka."

"Nawa ne laifin, ai sunana ya kamata ka gani."

"Ba haka na so ba, Baba."

"Na sani. Me ya sa ka ɓoye min?"

Da yaron ya yi magana, a hankali ya yi ta, kamar mai zaɓen inda zai taka.

"Ranar nan, Baba, ina kan hanya ina ɗaukar mutanen da ban san su ba, kai kuma ka ɗauki nawa. Na iso asibiti an gama komai. Ban tuƙa ba, ban ba da jini ba, ko jaka ban riƙe ba. Da takardun suka zo, sai na ga ga abu ɗaya da ya rage wanda zan iya ɗauka. Shi ke nan."

Malam Birki ya kalli titi. Wata mata tana tsallakawa da tiren ƙwai a ka, motoci suna jiranta.

"Wata uku ba aiki, me za ku ci?"

"Na yi magana da wani mai wurin wankin mota. Ya ce zai ɗauke ni."

"Wankin mota." Malam Birki ya yi gyaran murya sau biyu. "Ka ji ni da kyau. Na zauna gidanka mako uku, ka bar min gadonka, ban ce maka komai ba sai gyaran tuƙi. Ban kyauta ba. Na gode. Allah ya yi maka albarka, ya ba ka masu yi maka kamar yadda ka yi min."

"Amin, Baba. Amin. Ni ne da godiya."

"Sauran takardu biyun da ka biya, ka turo min lissafinsu."

"A'a, Baba." Wannan ne karo na farko da ya ji kalmar daga bakinsa. "Ka ƙwace babbar. Waɗannan ka bar min su, don Allah."

Malam Birki ya buɗe baki zai yi gardama, sai ya fasa.

"To. Na bar maka."

Ya ɗauka za a yi sallama, amma yaron bai kashe ba. Ya ji yana jan numfashi, kamar akwai sauran magana.

"Baba, in ba za ka ji haushi ba, akwai abin da nake son tambaya tun da na ga takardun nan."

"Ina ji."

"Daga gida zuwa asibitin nan, ni minti talatin da biyar nake yi, kuma shekara shida ina tuƙi a garin. Na duba lokacin da Auta ta kira motar asibiti, na duba lokacin da aka karɓe ta. Minti goma sha tara ne. Don Allah, ta ina ka bi?"

Malam Birki ya waiwaya. Umma da mai shago sun ɗaga labule sun zuba masa ido, ko kunya babu. Ya juya musu baya, ya rage murya.

"Wallahi ban sani ba," ya ce. "Kuma ko na tuna, ba zan koya maka ba."

Sai yaron ya fashe da dariya, wata irin dariya mai kauri da ke fitowa tun daga ciki, har tana haɗuwa da tari. Malam Birki bai taɓa jin ta ba. Ya gyara riƙon wayar a kunnensa, ya jingina da bangon shagon, ya bar shi ya yi ta har ya gama.